Coci, Burodi da Talaka a Fina-finan Faransa Marasa Murya: Tambayoyi da Amsoshi

Wane zamani ake nufi da zamanin fim marar murya?

A Faransa ana ƙirga shi daga ranar 28 ga Disamba 1895, lokacin da Auguste da Louis Lumière suka haska fim ga masu biyan kuɗin shiga a wani ɗaki na Grand Café a Paris, har zuwa wajen 1929 da 1930 da fim mai magana ya karɓe kasuwa. Zaren fim na wancan lokaci hoto kaɗai yake ɗauka. Amma ɗakin kallo ba kasafai yake zama shiru ba: akwai mai kaɗa fiyano, a manyan gidajen sinima akwai cikakkiyar ƙungiyar makaɗa, a shekarun farko kuma akwai mai tsayuwa gefen allo yana bayani.

Me ya sa labaran addini suka shigo fim da wuri haka?

Dalili na farko na sana'a ne. Zaren Lumière mita 17 ne, bai cika minti ɗaya ba. Ba a iya ƙulla sabon labari a minti ɗaya, sai dai labarin da mai kallo ya riga ya sani tun yana yaro. Rayuwar Yesu Almasihu, kamar yadda Kiristoci suke ba da ita, ta dace da wannan: kowane fage a zare ɗaya, mai majigi ya jera su. Kamfanin Lumière ya fitar da irin wannan a 1898 mai fage 13. Kamfanin Pathé ya yi nasa a 1903 a hannun Ferdinand Zecca da Lucien Nonguet, ya sake shi a 1907, aka sayar da shi ƙasashe da yawa. A 1906 Alice Guy, wadda ke shugabantar shirya fina-finai a kamfanin Gaumont, ta yi nata mai fage 25, wajen rabin awa, tana bin zanen da James Tissot ya yi bayan tafiye-tafiyensa a Falasɗinu. Mai lura zai ga ta cika fagagenta da mata da yara fiye da takwarorinta.

Dalili na biyu na mutunci ne. Sinima ta taso a filayen wasa da rumfunan kasuwa, masu hali suna ganinta abin 'yan iska. Fim na addini shi ne ke shigar da iyali gaba ɗaya, kuma ana iya sake haska shi duk shekara lokacin Ista da Kirsimeti.

To cocin Katolika ta karɓi abin da hannu biyu?

Da hannu ɗaya ta karɓa. Tun farko akwai mummunan tabo. Ranar 4 ga Mayu 1897, a wata kasuwar neman taimako ga matalauta da manyan iyalan Katolika suke shiryawa a Paris, Bazar de la Charité, gobara ta tashi daga rumfar majigi. Fitilar na'urar tana aiki da iskar oksijin da wani sinadari mai saurin kamawa da wuta da ake kira ether. Ana cikin ƙara mata sinadarin aka ƙyasta ashana. Ginin katako ne da yadi. Fiye da mutum 120 suka mutu, mafi yawansu mata.

Ga kuma tsamin dangantaka tsakanin coci da gwamnati. Dokar 1904 ta hana ƙungiyoyin 'yan zuhudu koyarwa, dokar 9 ga Disamba 1905 kuma ta raba coci da hukuma. Makarantu da yawa suka fita daga hannun coci, sai limamai suka koma neman yara da matasa ta ɗakunan taro na unguwa, inda ake wasanni da karatu da majigi. Maɗaba'ar Katolika ta La Bonne Presse ta buɗe sashen sayar da fitilun majigi da fina-finai, tana fitar da mujalla mai suna Le Fascinateur tun 1903. Wasu limamai har cikin coci suke haskawa, sai da fadar Paparoma ta hana hakan a 1912. Ɗakin taro bai shiga haramcin ba, shi ya sa ya bunƙasa, musamman da Pathé ya fito da ƙananan na'urori masu zare marar saurin kamawa da wuta: mai faɗin milimita 28 a 1912, da Pathé-Baby mai milimita 9.5 a 1922. A 1927 aka kafa kwamitin Katolika na sinima, wanda ke duba fina-finai yana shawartar iyalai. Furodusa ya gane cewa akwai kasuwa ta biyu bayan gidajen sinima, kuma wannan kasuwa tana da abin da take so.

Wane irin talauci fina-finan addinin suke nunawa?

Iri biyu ne, kuma duk wanda ya cakuɗa su ba zai fahimci fina-finan ba. Akwai talaucin da mutum ya zaɓa da alwashi, akwai wanda ya faɗo masa ba shawara.

Na farko shi ne na gidan zuhudu. Misalinsa fim ɗin Julien Duvivier na 1929, La Vie miraculeuse de Thérèse Martin, inda Simone Bourday ta fito a matsayin Thérèse ta garin Lisieux. Thérèse 'yar gidan rufin asiri ce: uba mai sana'ar agogo, uwa mai sana'ar leshi. Ta shiga gidan zuhudu na Karmel a 1888 tana da shekara 15, tarin fuka ya kashe ta a 1897 tana da 24, coci ta ayyana ta waliyyiya a 1925. Rayuwar wannan gida sanyi ce ba wutar jin ɗumi a ɗakin kwana, wanki da hannu, abinci kaɗan, da tagar ƙarfe da ke raba 'ya da ubanta idan ya zo ziyara. Ƙarfin fim ɗin yana wurin da bai yi wa wannan rayuwa kwalliya ba, ya kuma bar mu mu ga abin da rabuwar ta yi wa tsohon.

Na biyu ya fi bayyana a labaran Lourdes, garin da mabiya Katolika ke ziyarta don neman waraka. Bernadette Soubirous, wadda ta ce ta ga wahayi a 1858 tana da shekara 14, iyalinta suna zaune ne a ɗaki guda da a dā kurkuku ne, kuma itacen girki ta fita nema ranar. Amma fina-finan Lourdes sun fi karkata ga mu'ujiza. A Credo ou la Tragédie de Lourdes na Duvivier, 1924, masanin kimiyya ne da bai yarda da Allah ba, 'yarsa ta kwanta ciwo, ta warke a Lourdes, shi kuma ya sunkuyar da kai. A ganinmu nan raunin wannan rukuni yake. Wahala tana shigowa ne don a sami abin da mu'ujiza za ta warware a faifai na ƙarshe, ba a tsayawa a tambayi me ya jefa mutanen cikinta. Abin da ya fi daraja a irin waɗannan fina-finai sau da yawa shi ne hotunan masu ziyara na gaskiya, marasa lafiya a kan kekunan turawa, waɗanda ba wanda ya koya musu wasa.

Wane fim ne ya haɗa limami da matalauci yadda ya gamsar?

Les Misérables, daga littafin Victor Hugo na 1862. An yi shi sau biyu a manyan sigogi: na Albert Capellani kafin Yaƙin Duniya na Ɗaya, Henry Krauss yana Jean Valjean, da na Henri Fescourt na 1925, Gabriel Gabrio yana Valjean, Sandra Milowanoff kuma ta ɗauki Fantine da 'yarta Cosette bayan ta girma. Na Fescourt kashi huɗu ne, wajen awa shida, kuma an gyara shi an dawo da launukansa a 2014.

Tsawon nan shi ne amfaninsa. Valjean ya yi shekara 19 a gidan yarin Toulon, biyar kan satar burodi guda, sauran kan yunƙurin gudu. Ya fito da takardar shaida mai launin rawaya da ke sanar da kowa ko shi wane ne. Fescourt ya kai kyamara garin Digne na ainihi, inda labarin ya fara, ya bar mu mu bi mutumin ƙofa bayan ƙofa: masauki ya kore shi, wani ya kore shi, dare ya yi. Gajeren fim zai wuce wannan da allon rubutu ɗaya, wato rubutun da ake nunawa tsakanin hotuna a madadin magana. A nan sai mai kallo ya gaji tare da shi kafin a kai ga ƙofar bishop Myriel, babban limamin cocin garin, wanda ya bar wa asibiti fadarsa ya koma ƙaramin gidan asibitin. Dukiyar da ta rage masa cokulan azurfa ne da sandunan ɗora kyandir biyu na azurfa. Valjean ya kwashe cokulan cikin dare, jandarmomi suka dawo da shi da safe, bishop ya ce kyauta ce, ya ƙara masa da sandunan kyandir. Duk wannan ana ganinsa ne a hannaye da idanu: hannun da ke miƙawa, da hannun da ya kasa karɓa. Ba sai an ji murya ba.

Kuma labarin bai ce sadaka ta gama magance komai ba. Bayan bishop sai ga Fantine, wadda aka kora daga masana'anta don tana da 'ya ba aure, ta sayar da gashinta, ta sayar da haƙoranta don biyan masu riƙon yarinyar. Alherin mutum ɗaya ya ceci mutum ɗaya. Doka da kasuwa suna nan suna niƙa saura. Wannan gaskiyar ce ta ɗaga shi sama da fina-finan mu'ujiza.

Akwai waɗanda suka nuna talaka ba tare da coci a tsakiya ba?

Akwai, kuma wasunsu su ne gwanayen zamanin.

Crainquebille na Jacques Feyder, 1922, labarin tsoho ne mai tura kurar kayan miya a titunan Paris, Maurice de Féraudy ya fito a matsayinsa. Ɗan sanda ya ce ya matsa, shi kuwa yana jiran wata mata ta kawo masa kuɗin kayansa. Aka ce ya zagi hukuma, kotu ta ba shi kwana 15 da tara. Da ya fito abokan ciniki suka guje shi, jari ya karye, ya koma kwana a titi. A fagen kotu Feyder ya yi dabarar haɗa hoto: ɗan sandan ya zama ƙato, mai ba da shaidar kare tsohon ya zama ɗan mitsitsi, wato yadda tsohon yake ganin kotun daga inda yake tsaye. Wanda ya tsamo shi a ƙarshe yaron titi ne mai sayar da jarida.

Ménilmontant na Dimitri Kirsanoff, 1926, bai kai minti 40 ba kuma babu allon rubutu ko ɗaya a cikinsa. Akwai wurin da yarinya ta fito daga asibiti da jariri, ba wurin zuwa, ta zauna kan benci cikin sanyi. Wani dattijo a gefenta yana cin burodi da ɗan nama. Bai kalle ta ba; ya yanka ya ajiye tsakaninsu ya tura a hankali. Ta jima kafin ta ɗauka, tana ci hawaye na zuba. Dattijon ya san kunyar mai karɓa, shi ya sa ya kau da ido.

La Zone na Georges Lacombe, 1928, ba wasa ba ne, hoton gaskiya ne na masu tsince-tsince da ke zaune a bukkoki a filin da ya kewaye tsohuwar ganuwar Paris: fita da asuba, tone kwandunan shara kafin motar shara ta zo, ware tsumma da takarda da kwalba da ƙarfe. Finis Terrae na Jean Epstein, 1929, ya ɗauki mutanen tsibirin Ouessant da kansu, ba 'yan wasa ba. Mutum huɗu suna tattara ciyawar teku suna ƙona ta a wani ɗan tsibiri mai suna Bannec, don ana sayen tokar. Kwalba ta fashe, ta yanki ɗan yatsan saurayi, ciwon ya ruɓe, ruwan sha ya yi ƙaranci, likita yana ƙetaren teku. A wurin mai hannu baka hannu ƙwarya, yankan ɗan yatsa ya isa ya zama batun rai da mutuwa.

Me ya sa kowa ke ambaton fim ɗin Jeanne d'Arc na 1928?

La Passion de Jeanne d'Arc kamfanin Faransa ne ya biya kuɗinsa, Société Générale de Films, daraktan kuma ɗan Denmark ne, Carl Theodor Dreyer. Jeanne 'yar manoma ce daga ƙauyen Domrémy, ba ta yi karatu ba, amma ta jagoranci sojojin Faransa a yaƙi da Ingilishi. Kotun coci ƙarƙashin bishop Pierre Cauchon, mai goyon bayan Ingilishi, ta yanke mata hukunci, aka ƙone ta a Rouen ranar 30 ga Mayu 1431 tana da kimanin shekara 19. A 1920 cocin ta ayyana ta waliyyiya. Dreyer ya bar yaƙe-yaƙenta, ya ɗauki kundin shari'ar kaɗai, ya matse watanni zuwa yini ɗaya.

Sirrin hoton yana cikin zaren. Tsohon zare ba ya ganin ja sosai, jan fata da leɓe suna fitowa baƙi, dole 'yan wasa su shafe fuska da kwalliya mai kauri. Dreyer da mai ɗaukar hotonsa Rudolph Maté sun yi aiki da sabon zare mai ganin duk launuka, suka hana kwalliya. Shi ya sa ake ganin tattarar goshin alƙalai da busasshen leɓen Renée Falconetti, wadda ta fito a matsayin Jeanne. An haƙa ramuka a ƙasa don a ɗauki alƙalai daga ƙasa su yi tsawo. An ɗauki fagagen bi da bi yadda labarin ya tafi, kuma askin da aka yi mata a ƙarshe na gaske ne. Abin da ke gaban mai kallo shi ne malamai masu digiri sun kewaye 'yar ƙauye suna ɗana mata tarko da tambayoyi, ita kuma ba ta da abin kare kai sai imaninta.

An fara haska shi a Copenhagen a Afrilu 1928. Kafin ya fito a Paris an yanke wasu wurare saboda matsin hukumar coci da masu tace fim. A Disamban shekarar gobara a Berlin ta cinye nagatif, wato uwar zaren da ake buga kwafi daga gare ta. Dreyer ya harhaɗa ta biyu daga ragowar ɗauka, ita ma gobara ta same ta a 1929. Shekaru da dama mutane suna kallon gurgun kwafi, har da wanda aka fitar a farkon shekarun 1950 da kiɗa manne a jiki. Sai a 1981 aka tsinci cikakken kwafi na asali a asibitin masu taɓin hankali na Dikemark kusa da Oslo. Daga shi ake buga wanda ake kallo yau.

Launukan da nake gani a wasu tsofaffin kwafi, na asali ne?

Galibi na asali ne. Hanya mafi sauƙi ita ce tsoma zare cikin rini: shuɗi na nufin dare, ruwan zuma na nufin ɗaki mai fitila, ja na nufin gobara. Fagen dare da rana ake ɗaukarsa, rinin ne ke mai da shi dare. Idan aka buga kwafi fari da baƙi sai ka ga mutum riƙe da kyandir da tsakar rana. Hanya mai tsada ita ce ta Pathé: a yanke siffar riga ko fukafukin mala'ika a jikin wani zaren, hoto bayan hoto, zare ɗaya ga kowane launi, sannan a shafa rini ta ramukan. Ɗaruruwan mata ne suka yi wannan aikin ido a masana'antar Vincennes.

Me ya sa mutane suke tafiya da sauri kamar ana korarsu?

Ba haka aka yi su ba, laifin haskawa ne. Kyamarar hannu ake juyawa. A farkon zamani wajen hoto 16 ake ɗauka a daƙiƙa, a shekarun 1920 tsakanin 18 da 24. Fim mai magana ya tsaya a 24. Faifai mai mita 300 yana da hoto kusan 15,800: a gudun 16 minti 16 da ɗoriya ne, a gudun 24 minti 11. Abin da aka ɗauka a 16 aka haska a 24 ya ƙara sauri da rabi, jerin masu addu'a ya koma tsere. Fim ɗin Dreyer yana kai wajen minti 97 a gudun 20, wajen 81 a gudun 24, kuma ana samun sigogin biyu.

Akwai ɓarna ta biyu. Hoton fim marar murya ya cika faɗin zare, milimita 24 da 18. Layin sauti yana cin gefen hagu. In an sake buga tsohon fim a ma'aunin mai sauti, gefen hagu ya tafi, wani lokaci har saman kai.

Ina sauran fina-finan suka shiga?

Da yawa sun hallaka. Zaren naitiret, wanda aka yi aiki da shi har farkon shekarun 1950, yana ɗauke da oksijin a jikinsa, in ya kama ko ruwa ba ya kashe shi da sauƙi. In bai ƙone ba yana ruɓewa mataki-mataki: hoto ya dushe, zare ya yi danƙo, ya yi kumfa, ya dunƙule, ya zama gari ruwan ƙasa. Zafi da laima suna hanzarta wannan, sanyi da bushewa suna jinkirta shi. Yana kuma tsukewa, ramukan gefensa su daina dacewa da haƙoran na'ura ta yayyaga shi. Ban da haka, da fim mai magana ya zo kamfanoni sun narkar da tsofaffin kwafi don cire azurfar da ke jikinsu. Wannan asarar ce ta sa Henri Langlois da Georges Franju suka kafa ma'ajiyar fina-finai ta Cinémathèque française a 1936. Wasu fina-finan kuwa a ƙananan kwafi na gida da na ɗakunan taro kaɗai suka tsira, a taƙaice.

Musulmi mai kallo fa, me ya kamata ya sani kafin ya danna?

Fina-finan rayuwar Almasihu na Lumière, Pathé da Alice Guy suna sa ɗan wasa ya fito a matsayin Annabi Isa, alaihis salam, kuma suna nuna gicciyewa bisa aƙidar Kirista. Malaman Musulunci galibi ba su yarda da kwaikwayon annabawa ba, Alƙur'ani kuma bai tabbatar da gicciyewar ba. Wanda zai kauce musu ba zai rasa abin kallo ba: Les Misérables, Crainquebille, La Zone da Finis Terrae labaran mutane ne na yau da kullum. Ga masu kallo da yara, Ménilmontant ya buɗe da kisan gatari, na Dreyer kuma ya rufe da ƙona mutum.

Akwai wata alaƙa da ƙasar Hausa?

Siririya ce amma ta gaskiya. Léon Poirier, wanda ya yi Jocelyn a 1922 game da limamin da alwashinsa ya raba shi da wadda yake so, shi ne ya bi ayarin motocin Citroën da suka ratsa Afirka a 1924 zuwa 1925, ta Yamai da Damagaram zuwa Tafkin Chadi. Fim ɗin, La Croisière noire, ya fito a 1926. Hotunan suna da daraja ga mai tarihi, amma ido ne na mai mulkin mallaka da mai tallar mota. Mutanen da ke ciki ba a tambaye su yadda suke so a gan su ba. A 1934 ma Faransa ta kafa doka cewa ba a ɗaukar fim a yankunan da take mulka a Afirka sai da izinin hukuma. Dattawan Arewacin Najeriya da suka kalli majigi a filin gari, mai bayani yana fassara hoto da Hausa, sun riga sun san yanayin da Faransawan farko suka kalli waɗannan fina-finai.

Ta ina zan fara, kuma yaya zan gane kwafi mai kyau?

A fara da Ménilmontant, tunda gajere ne kuma ba ya bukatar jin Faransanci. Sai Crainquebille, sai na Dreyer. Les Misérables a raba shi dare huɗu, kashi ɗaya kowane dare, tunda kashi-kashi aka fitar da shi.

Kafin a zauna, a duba abu huɗu. Tsawon lokaci: in Les Misérables na 1925 bai kai awa biyar ba, yankakke ne. Tafiyar mutane: a kalli mai saukowa daga matakala, in yana tsalle-tsalle gudun ya yi yawa. Siffar hoto: ya zama kusan murabba'i, faɗi huɗu tsawo uku, in ya cika allon waya gefe zuwa gefe, an miƙe shi ko an datse shi. Farkon fim: kwafin da aka gyara yakan buɗe da sunan ma'ajiyar da ta yi aikin da shekarar, kamar Cinémathèque française, ko cibiyar fina-finai ta ƙasa CNC, ko gidauniyar Jérôme Seydoux-Pathé. A guji waɗanda aka shafa wa launi da kwamfuta a 'yan shekarun nan, domin suna goge tattarar fuska da ƙurar tufa, abin da aka zo gani ke nan. In kiɗan da aka ɗora bai dace da abin da ke allo ba, a rage shi ko a kashe. Cinémathèque française tana da shafin kallo kyauta a intanet mai suna HENRI, kuma bukukuwan Pordenone da Bologna a Italiya suna haska sababbin gyare-gyare duk shekara tare da makaɗa a ɗaki.